Soron da Ba a Kwana a Cikinsa



Duk wanda ya tashi a cikin tsohon garin Sakkwato ya san wani sauti da akan ji a tsakiyar damina, cikin dare, idan ruwan Agusta ya kwana biyu yana zuba. Sai ka ji kamar nishi mai nauyi, sai rim, sai shiru. Da gari ya waye a fito a tarar katangar wani gida ta kwanta a kan hanya, azara ta yi cirko-cirko, yara sun taru suna kallo. Haka wani soro ya faɗi a shiyarmu shekarun baya, soron da muka yi karatun allo a zaurensa. Ba a rasa rai ba, alhamdu lillahi, domin an daɗe ba a kwana a ciki. Rashin kwanan nan kuwa shi ya kashe shi. Mai gidan ya rasu, 'ya'ya sun watsu, wasu Kaduna, wasu Abuja, wasu sun yi nasu ginin a Mabera da Arkilla. Indararo ya toshe, ba wanda ya hau ya duba. Ruwa ya kwanta a kan rufi damina ɗaya, damina biyu, a ta uku ya gama aikinsa. Yau idan ka bi ta wurin jerin shagunan bulo za ka gani.

Abin da ya tuno mini da soron nan shi ne labarin da ke yawan zuwa mana daga ƙasashen waje, na gyara tsofaffin fadoji a mai da su masaukin baƙi na alfarma, mai ɗakuna kaɗan da tsada mai yawa, a haɗa da wurin baje kolin fasaha. A watan Janairun 2022 hukumomin Saudiyya suka sanar da kafa kamfani musamman don wannan aiki, aka fara da fadar Alhamra ta Jidda, da Jar Fada da fadar Tuwaiƙ a Riyad. Indiya ta riga su da nisa. Sarkin Jaifur ya mai da fadarsa ta Rambag otal a 1957, na Udaifur ya bi sahu da fadarsa ta tsakiyar tafki a 1963, da kuma gwamnatin Indira Gandi ta soke kuɗin da ake ba sarakuna a 1971, sai da yawansu suka ga ba su da hanyar riƙe gidajen kakanninsu sai wannan. A birnin Fas na Maroko akwai gidan da wani waziri daga zuriyar Jama'i ya gina a 1879, wanda ya zama otal wajen 1930.

Matasanmu masu bin intanet suna ganin hotunan nan, suna tambaya: mu fa? Ga Sakkwato, cibiyar daula, me ya hana? Tambayar tana kan hanya, kuma ta cancanci amsa ta tsakani da Allah.

Bari in fara cire abu biyu daga cikin lissafi. Fadar Mai Alfarma Sarkin Musulmi da ke Kanwuri gida ne mai rai. Ana zaman fada, ana sulhu, ana karɓar gaisuwa, daga nan ake sanar da ganin wata ga Musulmin Najeriya baki ɗaya. Fadojin da aka mayar otal a wasu ƙasashe sai da mulki ya tashi daga cikinsu tukuna. Hubbaren Shehu kuma gidan Shehu Usmanu ne inda ya zauna bayan ya taso daga Sifawa a 1815, nan ya rasu a 1817, nan aka rufe shi, 'yarsa Nana Asma'u da wasu daga cikin Sarakunan Musulmi suna kwance kusa da shi. Wanda zai kawo zancen gado da katifa a wurin nan bai san garin da yake ba. Maganata a kan sauran ce: gidajen manyan malamai, da na alƙalai, da na masu sarauta, da na attajiran da, waɗanda ke tsakanin Ƙofar Rini da Ƙofar Atiku, tsakanin Ƙofar Marke da Ƙofar Kade, suna narkewa ɗaya bayan ɗaya.

Ba sai mun je Indiya neman misali ba. Agadas ta fi kusa, kuma ba baƙuwarmu ba ce. Can Shehu ya bi malaminsa Jibrilu ɗan Umaru neman ilimi, kuma har gobe da Hausa ake ciniki a kasuwarta. Daura da babban masallacin garin, mai hasumiyar ƙasa da ta kai mita 27, akwai wani gini da aka sani da fadar Kawsan. Kawsan shi ne jagoran Buzaye da ya yi wa sojan Faransa ƙawanya a Agadas daga Disambar 1916 zuwa Maris na 1917, da goyon bayan Sarkin Abzin Tegama. Da Faransawa suka sake kama garin sun kashe mutane da yawa, har da malamai. An kashe Kawsan a Murzuƙ ta ƙasar Libiya a 1919, Tegama ya mutu a kurkukun Damagaram a 1920. Ginin ya saura. Daga baya aka mai da shi otal mai ɗauke da sunan ƙasar Abzin, babban ɗakin taronsa mai bakan gizo ya zama wurin cin abinci, baƙi kan hau kan soro da yamma su kalli hasumiya.

Na daɗe ina juya labarin gidan nan a raina, domin ya nuna alherin abin da sharrinsa a wuri guda. Alherin a fili yake: ginin ƙasa ne da ya haura shekara ɗari yana tsaye, saboda akwai wanda abincinsa ya rataya a kan kada ya faɗi. Mai otal ba zai bar indararo ya toshe ba. To amma su wane ne baƙin? Turawa ne masu zuwa kallon Sahara. Muddin jiragensu na sauka, kasuwa na ci, maƙeran azurfa na sayarwa, masu jagora na samu. Tawayen shekarun 1990 ya girgiza wannan kasuwa, na 2007 ya ƙara, sace ma'aikatan kamfanin ma'adinai a Arlit a 2010 ya kusan rufe ƙofar gaba ɗaya. Lokacin da hukumar UNESCO ta sa tsohon garin Agadas cikin jerin kayan tarihin duniya a 2013, masu zuwa kallon sun riga sun ɗauke ƙafa. Mai kwana da tabarmar aro, ran da aka zo karɓa a ƙasa zai kwana. Mu da muke fama da 'yan bindiga a gabashin jiharmu, har kufan Alkalawa ya yi wuyar zuwa, ba mu da dalilin ɗora rayuwar gidajenmu a kan baƙon da zai taso daga Turai.

Sannan mu tambayi kanmu, me ma ya rage mana? Lokacin da Bature Kilafaton ya shigo Sakkwato a 1824, zamanin Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, ya tarar da ganuwa mai tsawo da ƙofofi goma sha biyu da ake rufewa da faɗuwar rana. Yau sunayen ƙofofi takwas muke riƙe da su, ganuwar kuwa gidaje da tituna sun cinye ta. Masallacin Shehu da Masallacin Bello an sake gina su da siminti a shekarun 1960, zamanin Sardauna. Ba na zargin waɗanda suka yi. Jama'a ta ƙaru, ana bukatar wuri, kuma a idon mutanen wancan lokaci girmama masallaci ke nan. Amma da tsofaffin gine-ginen suka tafi, sun tafi da hujjar abin da maginanmu suka iya. A Zariya an ɗan yi dabara. Masallacin Juma'ar da Babban Gwani ya gina a shekarun 1830, zamanin Sarki Abdulkarimu, an kewaye abin da ya rage na cikinsa da sabon gini a shekarun 1970, bakan gizonsa na nan ana salla a ƙarƙashinsu. Mai son ganin kamanninsa na waje kuwa sai ya tafi Jos, inda aka gina kwatankwacinsa a gidan tarihin gine-ginen gargajiya, bisa awon da wani masani ɗan ƙasar Folan, Dimakoski, ya yi.

Jama'a, a nan nake son mu ɗan daɗe, domin yawancin masu zancen adana tarihi ba su tsaya sun fahimci yadda ginin ƙasa yake rayuwa ba. Ana haƙo ƙasa, a kwaɓa ta da ramno, a tattake, a bar ta ta kwana ta kwana har ta yi danƙo. A murza tubali da hannu, ɗaya bayan ɗaya, a shanya a rana. Magini na zaune bisa katanga, yaro na jefa masa tubali daga ƙasa yana cafewa yana dasawa. Katangar kan yi kauri a gindi ta riƙa sirancewa tana hawa. Wannan kaurin shi ke sa ka shiga soro da azahar a watan Afrilu, zafin Sakkwato ya haura digiri 40, ka ji kamar ka shiga randa. Bango ya shanye zafin yini, sai dare ya raba yake sakinsa. Rufi kuma na azara ne, daga giginya, wadda gara ba ta cin ta da sauƙi. Da yake azara ɗaya ba ta iya haye babban ɗaki, sai magina suka ƙirƙiro bakan gizo: a dasa azara a bango biyu, a riƙa ɗaura wata kan wata da igiya, kowace ta ɗan zarce ta ƙasanta tana lanƙwasowa, har su haɗu a sama, sannan a lulluɓe da ƙasa. Idan aka gicciya irin waɗannan aka sami ɗaurin guga, sai ga ɗaki mai faɗi ba ginshiƙi ko ɗaya a tsakiya.

Abin da ya fi burge ni shi ne rigar ruwan da ake sa wa gini. Makuba daga ɓawon 'ya'yan ɗorawa ake samun ta. Laso kuma, wanda ake shafe rufi da shi, haɗi ne na katsi daga gindin karofi, da gashin jima daga wurin majema, da ruwan dafara daga daji. Ka ga ke nan soro ɗaya ya haɗa magini da marini da majemi da mai saran giginya. In marina ta mutu, katsi ya ɓace. In majema suka tashi, gashin jima ya tafi. Gidan ƙasa reshe ne na sana'o'in gari, shi ya sa yake ciwo idan suna ciwo. Kuma duk ƙwarewar maginin da ya gina shi, sai an bi shi da yaɓe kafin kowace damina, an share rufi, an buɗe indararo, an toshe tsaga tun tana ƙarama. A da wannan aikin gida ne kamar share tsakar gida, ba a jiran kwangila.

Da siminti ya wadata, musamman bayan kamfanin siminti na Kalambaina ya fara aiki a 1967, mutane suka ga sun huta da yaɓen shekara-shekara. Wasu suka rushe suka sa bulo. Wasu, da kyakkyawar niyya, suka shafe katangar ƙasa da siminti, ba su san sun ɗaura mata cuta ba. Siminti ba ya kama ƙasa da kyau, kuma ba ya barin ta ta yi numfashi. Ruwa ya sami 'yar kafa ya shiga, ya rasa mafita, bango ya ruɓe daga ciki fuskarsa tana sumul, sai ran da ɓawon zai ɓare gaba ɗaya. A kan wannan sai a ƙara rabon gado, inda gida mai magada ashirin kowa ke jiran wani ya gyara. Sai kuma wadda ta fi su duka zafi, wato kunya. Mun kai matsayin da saurayi ke jin nauyin a ce gidansu na ƙasa ne, iyayen yarinya na tambaya ko ɗakin da za a kai ta na bulo ne. Muna kashe kuɗi mu gina akwatin siminti da rufin kwano, sannan mu sake kashe wasu a kan janareta da na'urar sanyaya ɗaki don mu iya kwana a ciki.

Wani zai ce a mai da su gidajen tarihi mana. An gwada, kuma an samu alheri. A Argungu, tsohuwar fadar Sarkin Kabi da aka tashi daga cikinta a 1942 ta zama Gidan Tarihin Kanta a 1958. A Kano ga Gidan Makama, ga Gidan Ɗan Hausa. A Kaduna gidan Sardauna ya zama cibiyar binciken tarihi a 1970. Sai dai gari ɗaya gidan tarihi nawa zai iya ɗauka? Kuma gidan tarihi da kasafin gwamnati yake numfashi, shekarar da aka manta da shi ruwa ba ya mantawa. Ana rufe shi da la'asar, ba mai kwana, ba mai jin ɗigon farko a tsakar dare. Shi ya sa nake ganin shawarar masauki tana da ƙarfi, in an yi ta da tsarinmu.

Tsarin namu kuwa tsoho ne. Shi Kilafaton ɗin da na ambata, da ya iso, gidan Waziri Giɗaɗo ɗan Laima aka kai shi, mijin Nana Asma'u, can aka ba shi masauki. Ya dawo a 1826, ya rasu a nan Sakkwato a 1827. Saukar baƙi na cikin aikin babban gida tun asali: manzannin sarakuna daga Kano da Katsina da Adamawa, fatake, almajirai masu neman ilimi, kowa da gidan da yake sauka. Bayan fiye da ƙarni guda, a zuriyar nan dai, Waziri Junaidu, wanda ya rasu a 1997, ya buɗe ƙofarsa da littattafansa ga masu bincike irin su Murray Last da Jean Boyd, abin da suka rubuta kan daular nan da kan Nana Asma'u ya zaga duniya. Kuma baƙin ba su yanke ba. Je ka Hubbare kowace rana ka ga masu ziyara daga Nijar, da Kamaru, da Chadi, da Gana, har da Sudan inda waɗanda suka yi hijira bayan yaƙin Giginya da na Burmi a 1903 suka kafa Mai Wurno. Ga malaman jami'a masu zuwa taro a Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo, ga masu zuwa duba tsofaffin rubuce-rubuce a Hukumar Tarihi ta Waziri Junaidu, ga tawagogin gaisuwar salla da naɗin sarauta da ta'aziyya. A cikinsu akwai masu hali. Yanzu sukan sauka a Giginya ko Shukura ko wani otal na bayan gari, a ɗaki irin wanda za su samu a kowane birni. Na tabbata da yawa cikinsu da za su sami soro mai tsabta, mai ruwa da wuta, inda za su taka da ƙafa su yi asuba a Masallacin Shehu, da sun biya da farin ciki.

Na san kalmar otal ba ta da farin jini a kunnen mutanenmu, kuma da dalili. Dattijon da aka ce za a mai da gidan kakansa otal, abin da zai fara faɗo masa a rai shi ne giya da shashanci. To a kira shi masauki, a kuma tafiyar da shi a matsayin masauki, bisa ladabin shiya da dokar jiha. Alfarmar da za a sayar a nan ita ce sanyin soro, da shiru, da tsabta, da tuwo da fura da aka yi da hannun ƙwararru, da mai masauki wanda ya san tarihin kowane ɗaki. Sai a yi hattara da wuri ɗaya da masu irin wannan gyara kan yi ɓarna, wato banɗaki. Bututun ruwa a cikin bangon ƙasa maciji ne a ɗaka. A gina makewayi daban da sabon gini, a jingine shi nesa da tsohon bango, a tabbatar ruwan wanka ya fice daga gindin katanga.

Ma'aunin da zan auna kowane irin wannan aiki da shi dai shi ne zaure. A ginin Bahaushe zaure na gari ne. Nan malam ke ba da karatu, nan ake ɗaurin aure da raɗin suna, nan maɗinki ke zama da allurarsa, nan matafiyi ke fakewa daga rana ba tare da ya nemi izinin kowa ba. Cikin gida na masu gida ne, zaure kuwa ƙofarsa ba ta rufuwa da rana. Ku dubi abin da ya faru a Marakesh. Daga shekarun 1990 baƙi masu kuɗi suka saye ɗaruruwan tsofaffin gidaje a cikin birni suka mai da su masaukai. Gine-ginen sun tsira, sun yi kyau ƙwarai. Amma farashin gida ya tashi, iyalai da yawa suka sayar suka koma bayan gari, 'ya'yan unguwa suka dawo gidajen da aka haife su a matsayin masu shara da ɗaukar jaka. Ba na fatan wannan ga Sakkwato. In aka gyara gida, aka sa mai gadi a bakin zaure yana korar almajiri da tsohon da ya shekara arba'in yana zama a kan dakalin nan, to ni a wurina gidan ya faɗi ko da katangarsa na tsaye.

A zauren ne kuma zancen cibiyar fasaha zai sami gindin zama. Ba mu rasa abin nunawa ba. Fatar jar akuyar Sakkwato ta ƙetare Sahara ƙarni bayan ƙarni, Turawa suka riƙa kiran ta fatar Maroko don ta can take isa gare su, suna yi wa littattafansu masu daraja bango da ita. Dukawan Madunka na nan suna aiki, maƙeran Assada na nan suna bugu. Akwai masu rubutun Alƙur'ani da hannu da masu zayyanar allo, akwai masu aikin aska takwas a wuyan riga. Abin da ba na so shi ne a ɗauko baduku a zaunar da shi kamar kayan kallo, baƙo ya ɗauki hoto ya wuce. A ba shi wurin aiki na gaske, da yaran koyo, ya sayar da kayansa da kansa a farashin da ya yanka. Masaukin ma ya zama mai sayensa na farko: matasan zama, da shimfiɗu, da makullai, da fitilu, duk su fito daga shiyoyin nan. Sarkin Musulmi Bello, a cikin rubuce-rubucensa kan siyasa, ya ɗora wa shugaba nauyin kula da masu sana'a irin maƙera da marina da maɗinka da masassaƙa, da raya garuruwa da kasuwanni. Wanda ya yi wannan aiki yana kan turbar mai garin.

Ga mai shakkar ko ginin ƙasa zai iya ɗaukar sabon aiki, ya ƙetara Illela ya shiga jihar Tawa. A garin Dandaji jama'a sun so rushe tsohon masallacinsu na ƙasa don su gina babba. Wata 'yar Nijar mai zanen gine-gine, Mariyam Kamara, da abokiyar aikinta Yasaman Isma'ili, suka kawo shawarar a bar shi a mai da shi ɗakin karatu, a gina sabon masallaci kusa da shi da tubalin ƙasa da aka matse da inji. Aka nemo maginan gargajiya suka gyara tsohon, aka kammala a 2018. A yankin nan dai, a Yama, masallacin da magini Alhaji Falke Barmu ya fara ginawa a 1962 ya ci kyautar Aga Khan ta gine-gine a 1986. Waɗannan Hausawa ne 'yan'uwanmu, ƙasarsu irin tamu, ruwan samansu irin namu.

Saura tambayar mallaka, wadda ita ce ƙashin bayan lamarin. Ba na goyon bayan gwamnati ta ƙwace, ba na kuma goyon bayan a sayar wa attajiri ɗaya. Shari'armu ta ba mu hanya, wato waƙafi. Magada su amince su tsayar da gidan waƙafin zuriya, ba a sayarwa, ba a rabawa. A ba mai jari hayar wani sashe na shekarun da aka ƙayyade, a rubuta sharuɗɗa: ba rushewa, ba shafen siminti, zaure a buɗe, kaso na farko na kuɗin shiga na yaɓen shekara ne, sauran a raba wa magada bisa rabonsu. Muna da Hukumar Zakka da Waƙafi a jihar nan da za ta iya tsara takardun, Majalisar Sarkin Musulmi kuma ta sa albarka, domin a Sakkwato dattijo ba zai sa hannu a kan gidan kakansa ba sai ya ji fada ta yarda. Wani malami abokina ya ce mini Shehu bai zo don gina soraye ba, kada mu shagala da bango mu bar karatu. Na yarda da shi ɗari bisa ɗari. Amsar da na ba shi ita ce, yaron da ya sunkuya ya shiga ƙaramin ɗakin da babban malami ya rayu ya rubuta littattafai a cikinsa, ya ga ƙanƙantarsa da idonsa, ya fahimci gudun duniya fiye da yadda zai fahimta daga bakina.

Kafin a kai ga jari da masauki akwai aikin da ba ya cin kuɗi mai yawa. A tura ɗaliban tarihi da masu koyon zanen gini su bi shiya-shiya da izinin hakimai da masu unguwa, su ƙirga gidajen da suka rage, su auna, su ɗauki hoto, su rubuta abin da tsofaffin gidan suka sani. A nemo maginan da suka iya ɗaura bakan gizo a haɗa su da yara, a biya su ladan koyarwa. Ni biyu na sani a ɓangarenmu, ɗaya ƙafa ta hana shi hawa tsani, 'ya'yansu duka aikin bulo suke yi. A kuma dasa giginya, don takan ɗauki shekaru masu yawa kafin ta isa sara. Kai kuma mai sauraro da kake da irin wannan gida a zuriyarku, ko kana Legas kake jin mu, ka buga waya gida, ka sa a hau soron a share rufi a buɗe indararo kafin hadarin farko ya haɗu.